Dogon Tsalle: Abin da Ido Ya Gani da Abin da Awo Ya Nuna

A daren 30 ga Agustan 1991, a babban filin wasa na birnin Tokyo, wasu Amurkawa biyu suka yi karon da har yau masu bibiyar wasannin guje-guje da tsalle-tsalle ba su daina zancensa ba. Ɗaya Carl Lewis ne, wanda ya shekara goma ba a kayar da shi a dogon tsalle ba, gasa 65 a jere. Ɗayan kuma Mike Powell, wanda ya saba ƙarewa a bayansa. Kafin a tashi daga wannan gasa ta cin kofin duniya, Powell ya dira a mita 8 da santimita 95, kuma har yanzu wannan ne tarihin duniya na maza. Wanda yake son ya kwatanta nisan, ya tuna cewa faɗin ragar ƙwallon ƙafa mita 7.32 ne. Powell ya tsallake wannan faɗin gaba ɗaya, ya ƙara fiye da mita ɗaya da rabi a kai.

Yawancinmu a makaranta muka fara sanin wasan, ranar gasar gidaje, an zuba yashi a rami, malami ya riƙe tef ɗin awo, ɗalibai sun yi dafifi suna ihu. Sauran abin da muka sani kuma talabijin ce ta koya mana, ita kuwa ɗan abin da take nunawa bai wuce daƙiƙa biyar ba. Daga waɗannan wurare biyu muka ɗauko fahimtoci da dama. Wasu daidai ne, wasu rabi da rabi, wasu kuma akwai gyara.

"Daga inda ƙafa ta tashi ake aunawa zuwa inda ƙafa ta sauka"

Duka ɓangarorin biyu na wannan magana suna buƙatar gyara. A ƙarshen hanyar gudu akwai farin katako da aka binne daidai da ƙasa, faɗinsa santimita 20. Gefensa da ke fuskantar yashi shi ne layin tashi, kuma daga wannan layi kaɗai ake fara awo. Idan ɗan wasa ya tashi tun da sauran taki guda kafin katakon, wannan takin ya tafi a banza. Idan kuma bakin takalminsa ya ƙetare layin, ko da da faɗin farce ne, alƙali zai ɗaga jar tuta, mai manjagara ya share yashin ba tare da an auna komai ba. Shekaru da yawa ana shimfiɗa wani abu mai laushi kamar kwaɓaɓɓen yumɓu a gaban layin, domin takalmi ya bar shaida idan ya taka. Yanzu a manyan gasanni kamara ce take raba gardamar.

A ɓangaren sauka kuwa, alƙalai ba ruwansu da inda dugadugai suka nutse. Abin da suke nema shi ne alama mafi kusa da layin tashi da kowace gaɓa ta jiki ta bari a yashi. Mutum zai iya jefa ƙafafunsa can nesa, sai ya zame ya zauna, ko ya kai hannu baya don ya dafa, shi ke nan daga wurin hannun za a auna. Wannan ne ya sa muke ganin ƙwararru suna murɗa jiki gefe guda suna faɗuwa gaba da zarar sun taɓa yashi, sannan su fice ta gaba. Ko ragowar da ba ta cika santimita ba, zubar da ita ake yi.

Me ya sa kuskuren ya zauna a zukatanmu? Saboda a filayen makarantu da yawa babu katako, sai malami ya duba sawun yaro ya auna daga nan, kuma ga yara masu koyo wannan hanya ce mai kyau. Sannan hankali yana karɓar ta, tunda ita ce ainihin tazarar da jiki ya ratsa. Hukumar wasannin ta duniya ma ta taɓa karkata ga wannan tunani. A 2024 ta sanar cewa za ta gwada wani tsari na faɗaɗa wurin tashi a riƙa aunawa daga sawun ɗan wasa, bayan ta lura cewa kusan kashi ɗaya cikin uku na tsallen da aka yi a gasar duniya ta Budapest a 2023 an soke su. Manyan 'yan wasa, ciki har da Carl Lewis da Miltiadis Tentoglou na ƙasar Girka, suka ƙi amincewa. A ganinmu suna da hujja. Mutum ya taho da gudun kusan kilomita 40 a awa, ya yi taki wajen ashirin, sannan ya ɗora ƙafarsa a kan katakon da bai kai tsawon takalminsa ba: wannan saiti shi ne rabin gwanintar. A daren Tokyo, tsallen Powell na huɗu ya yi nisa ƙwarai, amma ya ɗan taka layin, aka ɗaga masa jar tuta yana ta nuna rashin yarda. Bai shiga lissafi ba.

"Duk wanda ya fi gudu shi zai fi nisa"

Akwai gaskiya mai yawa a nan, shi ya sa maganar take da wuyar ture wa. Ba a yin tsallen mita takwas da gudun sassarfa. Manyan 'yan wasa suna isa katako da gudun mita 10 zuwa 11 a daƙiƙa ɗaya, kuma mutane biyu da suka fi shahara a wasan, Jesse Owens da Carl Lewis, dukansu zakarun tseren mita 100 ne. Wanda ya ga haka, dole ya ɗauka gudu ne komai.

Amma gasar Tokyo da kanta ta ba da amsa. Kwana biyar kafin wasan ƙarshe na dogon tsalle, Lewis ya kafa tarihin duniya a tseren mita 100 da daƙiƙa 9.86. A lokacin babu wanda ya fi shi gudu a doron ƙasa, Powell kuwa bai kama ƙafarsa ba a tsere. Duk da haka Powell ne ya fi nisa. Dalilin yana cikin taki biyu na ƙarshe. A na kusa da ƙarshe ɗan wasa yakan ɗan tsawaita takinsa ya saukar da ƙugu, na ƙarshen kuma ya gajarta shi, sannan ya buga katakon. Ƙafarsa ba ta wuce kimanin kashi ɗaya cikin takwas na daƙiƙa a kan katakon, kuma a cikin wannan ƙiftawar ido ake so ya juya wani kaso na gudunsa ya zama tashi sama, ba tare da ya yi asarar saura da yawa ba. Gudun da mutum ba zai iya sarrafa shi a kan katako ba, nauyi ne a gare shi. Haka zancen tsawo yake: Robert Emmiyan na tsohuwar Tarayyar Sobiyet bai kai Lewis da Powell tsawo ba, amma ya yi mita 8.86 a 1987.

"Sai an yi sama sosai, kuma wutsil-wutsil da ƙafa a iska yana ƙara tura mutum gaba"

A ajin kimiyya an koya mana cewa abin da aka jefa ya fi nisa idan ya tashi a kusurwar digiri 45. Ga dutse ko ƙwallo maganar tana kusa da daidai. Ɗan'adam mai gudu kuwa ba zai iya ba, domin kafin ya tashi a wannan kusurwa sai ya taka birki ya zubar da gudun da ya tara. Ƙwararru a wajen digiri 20 suke tashi, kusan a kwance.

Da zarar ƙafa ta bar katako, hanyar da tsakiyar nauyin jiki za ta bi ta riga ta tabbata, babu abin da za a taka a iska a ƙara mata tsawo. To mene ne amfanin gudun da muke gani suna yi a sama? Bugun katakon yana sa gangar jiki ta nemi kifawa gaba. Idan aka bar ta, ƙafafu za su sauka da wuri, fuska ta bi yashi. Juya ƙafafu da hannuwa kamar mai tuƙa keke yana shanye wannan kifawar, ya bar mutum a miƙe har lokacin da zai jefa ƙafafunsa gaba. Wasu maimakon haka sukan banƙare ne su ɗaga hannuwa kamar an rataye su, kuma manufar ɗaya ce. Motsin yana ceto nisan da aka riga aka samu a kan katako. A shekarun 1970 har an sami masu yin alkafura a iska don su bi kifawar maimakon su yaƙe ta, kafin a haramta saboda haɗarin karya wuya.

"Idan iska ta wuce ƙima, an soke tsallen"

Wannan ruɗani ya samo asali ne daga haɗa abubuwa biyu da doka ta raba: cin gasa da kafa tarihi. A gefen hanyar gudu akwai na'urar auna iska, mita 20 daga layin tashi, wadda take auna ta na daƙiƙa biyar yayin da ɗan wasa yake tahowa. Idan iskar da ke tura shi ta wuce mita 2 a daƙiƙa, ba za a rubuta tsallen a matsayin tarihi ba. Amma a cikin gasar ranar, tsallen yana nan daram, ana cin zinare da shi.

A zagaye na huɗu a Tokyo, Lewis ya yi mita 8.91. Wannan ya zarce tarihin duniya na lokacin, wato 8.90 na Bob Beamon, da santimita ɗaya. Sai na'ura ta nuna iska mita 2.9. Tarihin Beamon bai motsa ba, amma Lewis ne kan gaba a gasar, kuma Powell ya san cewa in yana son zinare sai ya wuce 8.91. Watau sai ya yi abin da ba a taɓa yi ba. A zagaye na biyar ya yi 8.95, iska kuma mita 0.3 kacal. Lewis yana da sauran dama biyu, kuma bai karaya ba: ya yi 8.87 iska tana ɗan bugun fuskarsa, sannan ya rufe da 8.84. Mutum ya yi tsalle huɗu da suka wuce 8.80 a dare guda, ya tashi da azurfa. Larry Myricks da ya zo na uku 8.42 ya yi.

Saboda wannan doka ce ake da alƙaluman da suka fi 8.95 amma ba tarihi ba ne. Powell da kansa ya yi 8.99 a garin Sestriere na Italiya a 1992, da iska mita 4.4. A garin dai, a 1995, Iván Pedroso na Kyuba ya yi 8.96, na'ura kuma ta nuna iskar ba ta wuce ƙima ba. Sai hoton bidiyo ya nuna wani mutum tsaye a gaban na'urar yana tare mata iska, don haka ba a taɓa amincewa da tsallen ba. Wanda ya ci karo da adadin 8.96 a wani wuri ya ɗauka an danne wa Pedroso haƙƙi, ba za mu ga laifinsa ba, sai dai wannan ne abin da ya faru.

"Tsaunin Meksiko ne ya yi wa Beamon tsallensa"

Birnin Meksiko yana kan tudun da ya haura mita 2,200 daga doron teku. Iskar can ba ta da kauri, tana rage tirjiyar da mai gudu yake fuskanta, kuma ranar 18 ga Oktoban 1968, a gasar Olamfik, iskar da ta tura Beamon ta tsaya daidai kan iyaka, mita 2.0. Babu mai musun cewa waɗannan sun taimaka. Amma a duba girman abin. Tarihin da ya tarar 8.35 ne, na Ralph Boston da Igor Ter-Ovanesyan. Beamon ya ƙara santimita 55 a tsalle ɗaya, har na'urar hangen da aka girka don awo ta kasa kaiwa wurin, sai da aka ɗauko tef ɗin ƙarfe. Wanda ya zo na biyu, Klaus Beer na Jamus ta Gabas, a kan tudun nan dai ya yi 8.19. Gaskiya ne ruwan sama ya sauko jim kaɗan bayan tsallen Beamon ya dagula wa sauran lissafi, amma ruwa da tudu ba za su bayyana ratar santimita 71 ba. Abin da ya ƙarfafa jita-jitar shi ne Beamon bai sake kusantar wannan nisa ba har ya bar wasa. Tarihin ya yi kusan shekara 23, kuma a gasar Olamfik har yanzu ba a goge shi ba.

"Carl Lewis ne mai tarihin duniya"

Bai taɓa riƙe na buɗaɗɗen fili ba. Ya ci zinaren Olamfik a dogon tsalle sau huɗu a jere, 1984 da 1988 da 1992 da 1996, kuma shi ne mai tarihin cikin rufaffen ɗaki da 8.79 tun 1984. Sunansa ya cika kunnuwa, shi ya sa ake jingina masa abin da na Powell ne. Shekara ɗaya bayan Tokyo, a Barcelona, ya sake kayar da Powell da santimita uku.

"Tunda na'ura ce take aunawa, ba a iya maguɗi"

Da ma haka ne. A gasar duniya ta 1987 a birnin Rum, Giovanni Evangelisti ɗan Italiya ya yi tsallensa na ƙarshe a gaban 'yan ƙasarsa, allo ya nuna 8.38, ya karɓi tagulla. Larry Myricks mai 8.33 ya koma na huɗu. Masu ido a filin sun yi shakka, domin sawun bai yi kama da wannan nisa ba. Da aka bi hotunan bidiyo aka gano cewa tsallen bai ma kai mita takwas ba, wasu jami'an gida ne suka shirya adadin tun kafin a yi shi. Daga baya aka mayar wa Myricks lambarsa. Na'ura tana ba da abin da aka saita ta a kai ne, kuma hannun mutum ne yake kafa alama a yashi. Wannan ne dalilin da ya sa ake ajiye hoton kowane tsalle a manyan gasanni, kuma ɗan wasa yana da damar ya nemi a auna tsallen da aka soke a ajiye adadin har a saurari ƙararsa. Sai dai kada wannan labari ya sa mu riƙa zargin kowane sakamako. An gano na Rum ne saboda akwai shaidar da za a koma a duba.

"Idan aka yi kunnen doki, raba zinaren ake yi"

Ranar 1 ga Agustan 2021, a Olamfik ta Tokyo, duniya ta kalli Mutaz Barshim na Ƙatar da Gianmarco Tamberi na Italiya sun amince su raba zinare a tsallen sama. Hoton rungumar da suka yi ya zagaya ko'ina, mutane da yawa suka ɗauka haka dokar take a kowane tsalle. Washegari aka yi kunnen doki a dogon tsalle: Juan Miguel Echevarría na Kyuba ya yi 8.41, Tentoglou ya kamo shi da 8.41 a tsallensa na ƙarshe. Ba a raba komai ba. Aka koma ga tsalle na biyu mafi nisa na kowannensu, Tentoglou yana da 8.15, Echevarría 8.09, zinare ya tafi Girka. A wasan ƙarshe 'yan wasa 12 ne suke yin tsalle uku-uku, takwas na sama su ƙara uku, don haka ko tsallen da ake ganin bai da muhimmanci yana iya zama alƙalin ranar.

"'Yan wasan yanzu sun fi na da, da takalman zamani da horon zamani"

A wasanni da yawa haka ne, tarihi yana faɗuwa kusan duk shekara, shi ya sa muke zaton ko'ina ma haka. Dogon tsallen maza ya ƙi bin wannan layi tun da daɗewa. Jesse Owens ya yi 8.13 ranar 25 ga Mayun 1935, tarihin ya yi shekara 25 kafin Ralph Boston ya goge shi a 1960. Na Beamon ya yi kusan 23. Na Powell ya haura 30. A gasannin duniya na baya-bayan nan, Luvo Manyonga ya ci da 8.48 a Landan a 2017, Tajay Gayle na Jamaika da 8.69 a Doha a 2019, Wang Jianan na Sin da 8.36 a 2022, Tentoglou da 8.52 a 2023. Babu ɗaya daga cikinsu da zai raba Lewis da azurfarsa ta 1991. Ba za mu ce 'yan yanzu ragwaye ba ne, kusa da juna ma sun fi na da, domin a Budapest santimita biyu ne tsakanin Tentoglou da Wayne Pinnock na Jamaika. Abin da ya faru shi ne tsallen da ya kusanci mita tara yana buƙatar abubuwa da yawa su haɗu a lokaci guda: gudu, saitin katako, iskar da ta taimaka ba ta wuce iyaka ba, lafiyayyar gwiwa, da abokin karawar da zai tilasta wa mutum ya fitar da abin da bai san yana da shi ba. Powell ya sami Lewis a wannan dare.

"Wasan Amurkawa da Turawa ne, 'yan Afirka sai dogon gudu"

Nasarorin 'yan Kenya da Habasha a tseren dogon zango sun yi yawa har sun rufe sauran, kafafen labarai kuma abin da aka saba ji suke maimaitawa. Amma ramin yashi ya san 'yan Afirka. Ignisious Gaisah ya ɗauko wa Gana azurfa a gasar duniya ta Helsinki a 2005, ya kuma zama zakaran duniya na cikin ɗaki a Mosko a 2006. Khotso Mokoena na Afirka ta Kudu ya ci azurfa a Olamfik ta 2008 da gasar duniya ta 2009. Manyonga, shi ma ɗan Afirka ta Kudu, bayan zinaren Landan shi ne mai tarihin nahiyar da 8.65.

A Najeriya mata ne suka fi ɗaga tuta. Chioma Ajunwa ta ci zinare a Atlanta a 1996 da mita 7.12, Ese Brume kuma ta kawo tagulla daga gasar duniya ta Doha da Olamfik ta Tokyo, da azurfa daga gasar duniya ta 2022. Wannan ya sa wasu suke ɗauka mazan ƙasar ba su taɓa taɓuka komai ba. Yusuf Alli ya yi mita 8.27 a Legas a 1989, ya kuma ci zinaren gasar ƙasashen renon Ingila a Auckland a 1990. Tarihin nan nasa na ƙasa ya shafe fiye da shekara 30 ba a taɓa shi ba, kuma wannan ya kamata ya dame mu, domin cikin duk wasannin fili kaɗan ne suka kai dogon tsalle sauƙin kayan aiki: hanyar gudu ta mita 40, rami mai faɗin kusan mita uku, yashi mai laushi, farin katako, manjagara, tef ɗin awo, da malamin da ya san daga inda ake fara aunawa.